Marigayi Ya Zo Neman Aure

Abbanmu ba ya nan. Yau wata huɗu ke nan da aka fitar da shi daga gidan nan, kuma wannan karon bai dawo da yamma yana kaɗe rigarsa yana tambayar me aka dafa ba. Na ce wannan karon ne domin kafin nan ya mutu sau ɗari da goma sha ɗaya, shi da kansa yake ƙirgawa. Ɗan fim ne. In kuna kallon talabijin kun san fuskarsa ko da ba ku san sunansa ba. Shi ne attajirin da ke rasuwa a minti goma na farko ya bar 'ya'ya suna rigimar gado. Shi ne direban da mota ke kifewa da shi, shi ne maigadin da ɓarayi ke fara samu. Tun yana saurayi aka laƙaba masa Marigayi, kuma yana amsawa.

Umma ta sha ba mu labarin yadda aka yi aurensu, ga shi yadda take faɗa. A lokacin Auta ake ce mata, don haka da shi zan kira ta.

Mahaifin Auta gyaran talabijin yake yi, kowa Injiniya yake ce masa, har mahaifiyarsa. Shagonsa a jikin gida yake, ƙofa ɗaya ce tsakaninsu. Kullum akwai talabijin bakwai a jere a kan kanta, duk a kunne, duk tasha ɗaya, wata na nuna mutane kore, wata na nuna su da dogon kai. A gefe akwai kujerar Kaka, mahaifiyar Injiniya, wadda ba ta yarda akwai wani abu wai shi wasa a cikin akwatin nan ba. In an mari mutum, ita ma sai ta dafe kunci.

Wata rana da azahar Auta na tsaron shago ita kaɗai, tana goge ƙura, sai ta ga ana lulluɓe wani dattijo mai furfura a talabijin bakwai lokaci ɗaya.

"Allah sarki, bawan Allah," ta ce.

"Na gode," in ji wata murya a bayanta. "Amma dubi babban yatsan ƙafar hagu. A ta ukun nan, ta fi haske. Kin ga ya motsa?"

Ta juya. Wani siririn saurayi ne a tsaye, rungume da tsohuwar talabijin. Hancin nan, kunnuwan nan masu fitowa waje, duk irin na mamacin ne. Ba ta san lokacin da ta jefe shi da tsumman hannunta ba.

"Yi haƙuri, 'yan mata! Gemun auduga ne da gam. Da raina, wallahi."

"To me ya kawo ka nan?"

"Wannan." Ya ajiye talabijin ɗinsa. "Ta mutu. Ita kuma da gaske take."

Auta ta so ta ɗaure fuska, dariya ta ƙwace mata.

Injiniya ya duba talabijin ɗin ya ce ko kamfanin da ya ƙera ta ba zai iya tashin ta ba. Amma saurayin bai daina zuwa duba lafiyarta ba. Yakan tsaya a bakin kanta ya ba Auta labarin aikinsa kamar mai bayanin tuƙin jirgi.

"Mutane gani suke kwanciya ce kawai. Ba haka ba ne. Numfashi a ciki ake ɓoye shi, ba a ƙirji ba. Ido kuma ba a matse shi, a sake ake barin sa. Sannan doka ta farko: ko gini ne ya faɗo, gawa ba ta tashi sai ta ji an ce kot."

"Mene ne kot?"

"Kalmar darakta ce, mai ba da umarni. In ya ce akshin, an fara. In ya ce kot, an tsaya. Tsakanin biyun nan ni ba na duniya."

"Ba ka son zama jarumi? Ka yi waƙa, ka auri yarinyar?"

"Jarumi ba ya samun abin yi sai na mutu. Ni ke buɗe masa hanya." Ya ɗan sosa ƙeya. "Amma auren yarinyar, wannan ina so. Ba a fim ba."

Auta ta sunkuyar da kai tana goge talabijin ɗin da ta riga ta goge sau biyu.

Ranar da zai zo gaida manya, sai da ta ja masa kunne. "Don Allah kar ka faɗi sunan nan. Kuma kar ka yi maganar yatsa." Abin da ba ta lissafa ba shi ne, jiya-jiya Kaka ta gama kallon wani shiri inda aka sa masa guba a abinci.

Ya yi sallama, ya cire takalmi, ya durƙusa a tsakar gida. Kaka ta ɗago ta dube shi. Carbinta ya faɗi.

"A'uzu billahi! Injiniya! Injiniya, fito!"

"Lafiya, Inna?"

"Wannan ai jiya suka kashe shi! Da idona na ga an ɗauke shi!" Ta ja da baya har ta jingina da bango. "Bawan Allah, me ka dawo yi? Ba mu muka sa maka ba! Matar ƙaninka ce, mai jan gyale!"

"Kaka, da raina nake."

"Ban tambaye ka ba! Koma!"

Sai da Injiniya ya yi kusan rabin awa yana bayani. A ƙarshe Kaka ta matso a hankali ta mintsini hannun baƙon. Ya ce wash. Ta ƙara, don ta tabbatar.

"To. Yaya sunanka?"

Ya dubi Auta da ke leƙe ta bayan labule tana girgiza masa kai. Amma shi mutum ne da bai iya ƙarya ba in babu kyamara.

"Akwai na yanka, Kaka, amma an fi sani na da Marigayi."

Auta ta dafe kai.

"Sana'arka fa?"

"Ina mutuwa, Kaka."

"Sau nawa ka yi?"

"Ashirin da uku, har da ta jiya."

Kaka ta ɗauki carbinta, ta kaɗe shi, ta ce, "Ka gaida gida. Ba na ba ka jikata."

Washegari da safe Auta ta shiga ɗakin Kaka, idanunta sun kumbura.

"Haba Kaka! Aktin ne fa! Ai kin mintsine shi!"

"Na san wasa ne, ba ni da taɓin hankali." Kaka ta nuna mata gefen gado, ta ce, "Zauna. Shekarata ashirin kakanku ya fita da safe, ya ce in ajiye masa ruwan wanka. Ubanki na bayana a goye. Ruwan nan har ya huce ina jira. Sau ɗaya mijina ya mutu, Auta, sau ɗaya tak, har yau ban warke ba. Ke kuma kina so ki auri mai yi duk mako? Mutum ya yi ta shiga likkafani yana fita, yana kiran abin da ba a kira? Ba zan zauna in ga kina takaba da ƙuruciyarki ba."

Sai Auta ta ga hawaye a idon Kaka, abin da ba ta taɓa gani ba sai in a talabijin aka yi rashi.

"In yana son ki, ya daina mutuwa. Sharaɗina ke nan."

Ta je wurin mahaifinta. Injiniya na riƙe da ƙarfen liƙa waya, bai ɗago ba.

"Ni ba na ƙetare maganar Inna, kin sani." Ya hura hayaƙin dalma. "Amma tsakani da Allah, faɗuwar nan da ya yi daga matakala a makon jiya, ba kowa zai iya ta ba."

"Baba!"

"Na dai faɗi abin da na gani."

Da saƙon ya isa wurin Marigayi, bai yi gardama ba. Ya je ya roƙi darakta ya ba shi matsayin mai rai. Darakta ya dube shi kamar ya ce a ba shi fukafuki, amma ya sa shi mai kanti a wani sabon shiri mai dogon zango.

Ranar da aka fara nunawa, gidan kaf aka hallara a shago. Ga Marigayi a bayan kanta yana auna sukari, lafiyarsa ƙalau. Kashi na farko ya ƙare yana numfashi. Auta ta kusa yin guɗa. A kashi na biyu ya yi tari sau ɗaya.

"Shi ke nan," in ji Kaka. "An fara."

"Ƙura ce, Kaka!"

Ashe ba Kaka kaɗai ke jira ba. Masu kallo suka dinga aika wasiƙu gidan talabijin suna tambayar yaushe mai kanti zai tafi. Wani ya rubuta cewa ya kasa bin labarin, hankalinsa na kan mai kanti. A kashi na huɗu, mai kanti na cikin miƙa wa wata mata sabulu, fankar sama ta tsinko ta faɗo masa a ka. A talabijin bakwai.



"Fanka," in ji Kaka. Ta miƙe tana gyara mayafi. "Ko fanka ba ta ƙyale shi ba."

Ya zo washegari ya tsaya daga bakin titi, bai shigo ba.

"Darakta ya ce jama'a ba sa samun natsuwa in ina numfashi. Auta, zan bar fim ɗin. Zan nemi wani aikin, ko dako ne."

Ta dube shi. Ta tuna yadda idonsa ke haske in yana maganar ɓoye numfashi.

"In ka bari saboda ni, wannan ce mutuwar da ba za ka tashi ba. Kar ka bari. Ni kuma ba zan saɓa wa Kaka ba. Mu jira."

"Har yaushe?"

"Kai da ka iya kwanciya shiru kake tambayata?"

Ya yi murmushin da bai kai ciki ba, ya tafi. Bai sake tako shagon ba, don girmama maganar tsohuwa.

Wata takwas aka yi haka. Auta ba ta yi wa kowa rashin kunya ba, ba ta fasa wanke wa Kaka kaya ba, ba ta fasa matsa mata ƙafa ba. Sai dai ta rame har awarwaronta na zamewa. Wurin da take ganin sa kawai shi ne a talabijin ɗin shago: a harbe shi ranar Litinin, ciwon zuciya ya ɗauke shi ranar Alhamis. Ita kuwa sai ta matsa kusa da talabijin ta uku ta zuba wa yatsan ƙafarsa ido.

Rannan Kaka ta kama ta tana shafa gilashin.

"Kai, wannan abu ya ishe ni! Ɗauko mayafinki. Kai ni inda yake aikin, in gaya masa da bakina ya fita daga zuciyarki, tunda ya fita daga shago bai isa ba."

Wani babban gida ne aka ara don ɗaukar fim. Wayoyi ko'ina a ƙasa, wasu samari na riƙe da faifai masu ƙyalli suna haska rana. Rana kuwa ta take, ƙasa kamar a gasa abu. A tsakiyar fili ga Marigayi a miƙe a kan tabarma, an rufe shi da farin ƙyalle zuwa wuya, an manna masa furfura. Wata yarinya sabuwar shiga na durƙushe a gabansa. Darakta, wani gajere mai hular rana, yana ta faɗa.

"Sau tara! Sau tara, ƙanwata! Ubanki ne ya mutu, ba layin waya ya ɗauke ba! Wannan ne na ƙarshe. In ba ki yi kuka ba, ki tafi gida, in kira wata. Kowa shiru! Akshin!"

Ko tsoron kora ne, ko wani nata ta tuna, sai ga yarinyar ta fashe da kuka na gaske. "Baba! Baba, wa ka bar wa ni?" 

Kaka ta taɓo Auta. "Ke, mene ne wancan a wuyansa?"

Auta ta duba. Cinnaku ne, layi guda, sun taso daga ƙarƙashin tabarma, sun hau wuyansa, na gaba har ya kai bakin kunne.

"Cinnaku ne, Kaka," ta raɗa.

"To ya kaɗe mana!"

"Ba zai kaɗe ba."

Kaka ta yi ta kallo. Wuyan ya fara yin ja. Ɗaya ya shige kunnen. Mutumin nan ko gashin idonsa bai motsa ba. Kafin Auta ta riƙe ta, tsohuwa ta tsallake wayoyi ta faɗa tsakiyar fili.

"Kai! Tashi! Cinnaku na cin ka!" Ta shiga kaɗe masa wuya da gefen mayafi. "Tashi, na ce!"

Shiru.

Wani ya yunƙura zai janye ta, darakta ya daka masa harara, ya yi wa mai kyamara alama da hannu ya ci gaba.

Kaka ta girgiza kafaɗarsa. Kansa ya langaɓe gefe. Ta ɗaga hannunsa ta saki, ya faɗi yaraf. Ta kara kunne a ƙirjinsa, ba ta ji komai ba, domin numfashin na can cikin ciki a ɓoye. Nan fa muryarta ta canza.

"Inna lillahi! Ya tafi! Wannan ta gaske ce! Ku kuna tsaye kuna ɗaukar hoto, yaron mutane ya tafi!" Ta zube a kan tabarma. "Wayyo, bakina! Ni na yi ta kira masa! Ɗan nan, tashi! Tashi, na ba ka! Wallahi na ba ka ita, ka ji? Ka tashi kawai!"

Sabuwar yarinyar ta rungume Kaka, suka haɗu suna rusa kuka. Darakta ya cire hula, bakinsa a buɗe, ya manta da duniya. Auta ta ga numfashin Kaka na sama-sama, ta ga darakta ba shi da niyyar cewa komai. Ta tattara duk ƙarfinta ta ƙwala:

"Kot!"

Marigayi ya yi tsalle ya miƙe kamar an watsa masa ruwan zafi, yana tsalle da ƙafa ɗaya, yana bubbuga kunne, gemu na lilo a gefe guda. "Wash! Wash! Ruwa! Ku ba ni ruwa!"

"Wa ya ce kot?" in ji darakta. "Wa ya ce kot a wurin ɗaukar fim ɗina?"

"Ni ce!" in ji Auta, tana kuka tana dariya.

Kaka na zaune a ƙasa, ta dube shi sama da ƙasa. Ta cire takalminta ɗaya.

"Zo nan. Kana ji na?"

Ya durƙusa nesa da takalmin. "Ina ji, Kaka."

"Kana ji ina kuka, ka ƙi tashi?"

"Ku gafarce ni, Kaka. Yarinyar nan sau tara tana gwadawa, sai yanzu ya zo mata. In na motsa, an ɓata, kuma korar ta za a yi. Aikinta na farko ne."

"'Yar uwarka ce?"

"Yau na fara ganin ta."

Kaka ta dubi wuyansa da ya yi rudu-rudu, ta dubi yarinyar da ke share hawaye. Sannan ta juyo gare shi.

"Da na ce na ba ka fa?"

"Nan ne na kusa motsawa, Kaka. Yatsana ma sai da ya ɗan yi."

"Ai cikin ruɗu na faɗa."

"Hajiya, muna da shi a kaset," in ji darakta. "Har da wallahin."

Kaka ta mai da takalminta. "Kakanku mai haƙuri ne," ta ce wa Auta, "amma ko shi ba zai kwanta wa cinnaka saboda 'yar wani ba. Wanda ya iya wannan zai iya zama da bakinki. Ɗaga ni."

Ba a cire wurin nan daga fim ɗin ba, maganar cinnaku da ta aure kawai aka yanke. Ranar da aka nuna shi, Kaka ta ga kanta a talabijin bakwai tana kuka, ta ce ba wanda ya gaya mata ɗankwalinta ya karkace. Bayan wata biyu aka ɗaura aure.

Abba bai taɓa zama jarumi ba. Sau da yawa hotonsa da ake ratayewa a bangon falo a cikin shiri ya fi shi daɗewa a fim, yakan ce hoton ya fi shi samun aiki. Amma da wannan kwanciyar ya ciyar da mu, ya sa mu a makaranta mu biyar, kuma babu sabon shiga da ya taɓa jin tsawa daga bakinsa. A gida kuwa, duk ranar da Umma ta taso da faɗa, sai ya dafe ƙirji ya sulale a kan tabarma. Ta yi ta yi ita kaɗai har ta gaji, dariya ta kama ta, ta ce, "Kot, don Allah." Sai ya tashi ya ce, "Yauwa, darakta." Kaka ta ga haihuwar uku daga cikinmu. Takabar ƙuruciya da ta ji wa Umma tsoro ba ta zo ba. Shekara talatin da takwas suka yi tare.

Ranar da abin ya faru, da hantsi ne. Ya karya, ya kwanta a tabarmar falo. Umma ta shigo tana mitar takalmansa da ya bari a bakin ƙofa har ta yi tuntuɓe. Bai amsa ba. Ta gama mitarta, ta ce, "To, kot."

Bai tashi ba.

"Kot, na ce. Shayinka zai huce."

Ta ajiye kofin. Ta zauna a wajen ƙafafunsa ta zuba wa babban yatsan hagu ido. Ta daɗe a haka. Sannan ta faɗa a karo na uku, a hankali, yadda ni da ke bakin ƙofa da ƙyar na ji.

Ni aka sa in sanar da mutane a waya. Duk wanda na ce wa Marigayi ya rasu sai ya ce, "A wane fim?" Tsohon daraktan nan ya yi dariya har da tari, ya ce in gaida shi. Da ya ji ban yi dariya ba, sai na ji yana kuka kamar yaro.

Abin da na koya daga iyayena shi ne, so ba ya lalacewa don an jira, kuma babba in ya hana ka abu, sau da yawa wani tsohon ciwo ne yake tsare ka da shi, sai a bi shi a hankali. Umma ba ta ɗaga wa Kaka murya ba, Abba bai raina ƙaramin aikinsa ba, Allah kuma bai bar su haka ba.

Ya sa ku kuka sau ɗari da goma sha ɗaya a wasa. Yau ina roƙon ku addu'a ɗaya ta gaske. Allah Ya jiƙan Abbanmu, Ya yafe masa kurakuransa, Ya sa kwanciyar nan ta zame masa hutu. Allah Ya jiƙan Kaka da Injiniya. Allah Ya ba Umma haƙurin jira karo na biyu. Ranar da za a ce kowa ya tashi, Allah Ya tashe shi cikin masu farin ciki, Ya haɗa shi da daraktarsa a Aljanna. Don Allah, duk wanda ya karanta, ya ce amin.